Gona Ce Ko Kango? Yadda Sauya Sunan Ƙasa A Takarda Ke Raba Mutane Da Haƙƙinsu A Tasawa Da Mayahi

Duk wanda ya saba zama a ƙofar fadar sarki ko a harabar kotu a Tasawa ko Mayahi ya san cewa rigimar ƙasa ta sake kama. A da, abin da ake jayayya a kansa shi ne iyaka: wane ya ci mini kunya biyu, wane ya tuge gambar da kakanni suka dasa, wane ya sare aguwar da ke raba mu. Har gobe ana irin wannan shari'a. To amma wata sabuwa ta shigo wadda ta fi ta zafi, ita ce jayayya a kan sunan da aka rubuta wa wuri a littafin hukuma. Wannan ya ce gona ce, wancan ya fito da takarda mai hatimi ya ce kangonsa ne na gina gida, na uku ya ce ai tun fil azal burtali ne, alhali ruwan damina shi ma yana da tasa maganar, domin shi a wurinsa tabki ne.

A ƙasashen da shinkafa ce tuwon yau da kullum, a kan fadamun shinkafa ake wannan rigima. Mu nan ƙasar gero ce da dawa da wake da gyaɗa da riɗi da aya, shinkafar da ke kan teburan ƴan kasuwarmu yawancinta daga nesa take zuwa. Amma muna da abin da ya tsaya mana a matsayin fadamar shinkafa: bakin tabkuna inda ake lambu da rani, da kwarin Gulbin Kaba, da gonakin da ke manne da gari waɗanda suka sha taki shekara da shekaru. Su ne ƙasar da ta fi kowace albarka, su ne kuma ido ya fi kaiwa kansu.

Dalilin matsin ba ɓoyayye ba ne. A ƙidayar jama'a ta 2001 gundumar Mayahi ba ta kai mutum dubu 400 ba, a ta 2012 ta haura dubu 550. Gundumar Tasawa ita ma ta tashi daga ƙasa da dubu 350 zuwa sama da dubu 500 a cikin waɗannan shekaru goma sha ɗaya. Jihar Maradi gaba ɗaya ta wuce mutum miliyan 3 da dubu 400 a 2012, ita ce kuma ta fi kowace jiha yawan jama'a bayan Damagaram. Mutane na ƙaruwa, ƙasa ba ta haihuwa. Saurar da ake bari ta huta ta ƙare, gandun da uba ɗaya ke nomawa an raba shi gida goma.

Daga bakin dattawa zuwa littafin Kofo

Kafin zuwan takarda, littafin ƙasa yana cikin kan mai gari da dattawa. Su suka san wanda ya sari daji, da wanda aka ba aro, da wanda ya karɓi jingina. Wannan littafi yana da kyau matuƙar masu shi na raye kuma suna tsoron Allah, amma yana mutuwa tare da su. Siyasa ma ta sha dagula shi. A ranar 18 ga Disamba 1974 shugaba Seyni Kunce ya yi shelar cewa duk gonar da mutum ke nomawa ta zauna a hannunsa, ko ta wace hanya ya same ta. Masu aro suka yi murna, masu gona suka shiga taitayinsu, wasu suka daina ba da aro kwata-kwata. Jikokin ɓangarorin biyu har yau suna haɗuwa a gaban alƙali, kowa da tarihin da ya ji daga kakansa.

Sai kuma abin da ya faru a Toda, cikin ƙasar Gidan Rumji, a watan Oktoba na 1991, ana tsakiyar babban taron ƙasa a Yamai, inda rikicin manoma da makiyaya ya ci rayuka sama da 100, akasarinsu mata da yara. Wannan ta'asa ta nuna wa kowa cewa maganar ƙasa ba ta jira. A ranar 2 ga Maris 1993 aka sa hannu a kan doka mai lamba 93-015, wadda ta aza harsashin kundin dokokin karkara, wato Kod Rural.

Abubuwa uku na wannan doka ya kamata kowane ɗan kasuwa ya riƙe. Ta ce haƙƙin da mutum ya samu ta hanyar al'ada da wanda ya samu ta hanyar takarda kariyarsu ɗaya a gaban doka, ke nan gonar gado ba ta zama ta banza ba don ba ta da hatimi. Ta ce babu bambanci tsakanin mace da namiji wajen samun ƙasa. Sannan ta kafa kwamitocin ƙasa da aka fi sani da Kofo, waɗanda aka fara gwadawa a Mirya da Maine Sorowa a 1994 kafin su bazu. Akwai Kofo ta gunduma, da ta ƙaramar hukuma, da ta ƙauye wadda mai gari ke shugabanta. A cikinsu akwai ma'aikatan noma da kiwo da gandun daji, da sarakuna, da wakilan manoma da makiyaya da mata da matasa. Aikinsu shi ne rubuta haƙƙin kowa a kundin karkara, da ba da takardun sheda: ta gado, ta saye, ta kyauta, ta aro, ta haya da ta jingina.

A nan ne kuma gizo ke saƙar. Kundin karkara ba shi kaɗai ne littafin ƙasa ba. Ma'aikatar magajin gari tana da nata, inda ake rubuta kangayen da aka yanka, a ba mai saye takardar kango. Ofishin kula da filaye na ma'aikatar kuɗi shi ma yana da nasa babban littafi, inda ake fitar da titir fonsiye, takardar da ta fi kowace nauyi, wadda aka sauƙaƙa samunta tun daga 2006 da sunan Sheda. Littattafai uku ke nan, a hannun hukumomi uku, kuma ba kullum ɗaya ke leƙa abin da ke cikin ɗan'uwansa ba. Wuri ɗaya yana iya zama gona a littafi na farko, kango a na biyu, mallakar wani attajiri a na uku.

Kada a ɗauka bambancin na suna ne kawai. Dokar tsarin shari'a ta ƙasarmu ta ce a rigimar gona alƙali yana hukunci ne da al'adar masu shari'a, tare da mataimaka masana al'ada da ke zaune kusa da shi. Amma idan wurin ya riga ya shiga babban littafi an yi masa titir, al'ada ta koma gefe, rubutacciyar doka ce ke aiki. Ma'ana, ranar da aka sauya wa ƙasa littafi, an sauya har ma'aunin da za a auna maganarka da shi. Shedar dattijon da ya ga kakanka yana huɗa a wurin, wadda jiya ita ce hujja mafi ƙarfi, yau sai ta yi ta fama da takarda mai lamba da taswira.

Idan lotisma ta iso bakin gona

Tun da aka zaɓi majalisun ƙananan hukumomi a 2004, yanka filaye, wato lotisma, ya zama ɗaya daga cikin manyan hanyoyin samun kuɗin shigarsu. Ba su suka fara ba. A farkon shekarun 2000 gwamnati da kanta ta biya ma'aikata wani ɓangare na bashin albashinsu da kangaye. Daga nan kowa ya gane cewa gonar bakin gari kuɗi ce a kwance.

Lissafin mai sauƙi ne. Hekta ɗaya murabba'in mita 10,000 ce. Idan aka cire tituna da filin makaranta da na masallaci, abin da ya rage zai ba da kango kusan 20 masu mita 300. Ita kuwa hektar nan idan gero aka shuka, a jigawa, da wuya ta wuce kilo 500 a shekara. Wane magidanci ne za a nuna wa wannan lissafi zuciyarsa ba ta motsa ba? Ba mu ga laifin gari don ya faɗaɗa ba, ƴaƴanmu na bukatar wurin kwana. Inda muke da magana shi ne yadda ake yi, da kuma waɗanda ake mantawa da su.

Doka ba ta yi shiru ba. Dokar 61-37 ta 24 ga Nuwamba 1961, wadda aka yi wa gyara a 2008, ta ce ba a karɓe wa mutum ƙasarsa sai don amfanin jama'a, bayan an bayyana haka a hukumance, an yi bincike, an kuma biya shi diyyar adalci tun kafin a karɓa. Dokar tsara birane ta 2017 ta shimfiɗa matakan da lotisma za ta bi kafin ta halatta. A aikace, abin da aka saba shi ne a ba mai gona wani kaso na kangayen da aka yanka daga gonarsa a matsayin diyya. To wane ne mai gona? Wanda aka rubuta, ko wanda mai gari ya ambata. Galibi babban wa ne, ko kawu.

Mu ɗauki misali, ba da wata muke ba. Ke ce mai sayar da kayan miya, kika yi shekara uku kina zubin adashi, kika kwashe, wani maƙwabci da biki ya taso masa ya ba ki gonarsa jingina a bayan gari. Kun yi magana a zaure gaban mutum biyu, kuka yi fatiha. Kina nomawa, kina zuba taki. Wata safiya sai ga masu awo da turakun siminti. Kangayen diyya za su tafi ga mai asalin gona, wannan daidai ne, domin jingina ba saye ba ce. Amma kuɗinki fa? Idan mutumin kirki ne ya mayar miki. Idan ya rasu, magada suka ce ba su san zancen ba, ɗaya daga cikin shedunki ya tafi ci-rani Libiya, ɗayan ya tsufa, to kin shiga uku. Da kin sa Kofo ta ƙauye ta rubuta takardar jingina tun ranar farko, da adadin kuɗin da sa hannun mai gari da na shedu, da ba mai ja da ke.

Wadda ta fi ban tausayi ita ce mai gamana. A al'adarmu ta Maradi miji kan yanka wa matarsa ɗan yanki daga gandu ta noma abin kanta, da shi take sayen sabulu, da shi take tara kayan ɗakin ɗiyarta. Gamana aro ce, ba a rubuta ta ko'ina. Tun a 2004 wasu masu bincike, Marthe Diarra Doka da Marie Monimart, suka nuna yadda ƙarancin ƙasa a kudancin jihar Maradi ke fitar da mata daga noma, domin idan gona ta yi kaɗan gamanar mace ake fara janyewa. Lotisma ta zo ta ƙarasa aikin. Ranar rabon kangaye ba wanda ke tambayar ina rabon wadda ta yi shekara ashirin tana noman kusurwar gabas.

Haka zancen gado. Addini ya ba ɗiya mace rabin rabon ɗa namiji, ya ba matar mamaci tumuni idan akwai ƴaƴa. Sau da yawa ƴan'uwa maza kan ce a bar gona a haɗe, ana ba ta ƴan dammuna duk kaka, ita kuma don zumunci ta yi shiru. Shirun nan ba ya cutarwa sosai matuƙar gona tana gona. Ranar da ta koma kangaye aka rubuta su da sunan mutum ɗaya, ya sayar wa baƙi, kowane baƙo ya yi tasa takarda, to neman haƙƙi ya koma shari'a da mutum goma maimakon zama da wa ɗaya. Shawararmu ga iyayenmu mata ita ce a nemi a rubuta sunan kowane magaji tun ƙasa tana sunanta na gona. Wannan ba rashin kunya ba ne, kuma ba yanke zumunci ba ne.

Akwai kuma ɗan kasuwar da shi ne mai sayen kangon. Wanda ya san garin Tasawa ya san tabkunan da ke kewaye da shi, da yadda suke cika su tumbatsa idan damina ta yi kyau. Da rani kuwa sai ka ga fili shimfiɗe, busasshe, mai arha. Dokar ruwa ta 2010 ta sa tabkuna cikin dukiyar jama'a wadda ba a sayarwa, har zuwa inda ruwa ke kaiwa idan ya cika. Duk da haka, a garuruwa da dama na ƙasar nan an yanka kangaye a hanyar ruwa, an sayar, an gina. Daminar 2024 ta tona asiri: ambaliya ta kashe mutum kusan 400 a faɗin Nijar, ta shafi sama da miliyan ɗaya da rabi, jihar Maradi kuma tana cikin waɗanda suka fi jin jiki. Ba duka ne laifin lotisma ba, ruwan ya yi yawa ƙwarai. Amma ruwa ba ya karanta takardar kango. Wanda zai sayi fili ya je ya gan shi a watan Agusta. Idan bai samu ba, ya dubi ƙasar: baƙar laka mai tsagewa, da bagaruwa ko giyayya a tsaye, sun ishe shi labari.

Gulbin Kaba: inda makiyaya ke komawa gona

A Mayahi sauyin ta wata fuska yake zuwa. Gulbin Kaba tsohon kwari ne da ya taso daga Najeriya, ya ratsa ta Gazawa, ya bi ta yammacin Tasawa, ya shiga ƙasar Mayahi ta wajen Kanambakashe, ya wuce yamma. Ruwa ya daina gudu a cikinsa kamar da, amma yana kusa a ƙarƙashin ƙasa, shi ya sa goruba ta yi masa sarauta har ya ci sunanta. Tsakiyar kwarin makiyaya ce da daji, gefe da gefe gonaki.

Duk macen da ke sayar da tabarma ko igiya ko faifai ko mafici a kasuwannin Mayahi da Tasawa da Maradi, da wannan kwari take ci, ko ta taɓa ganinsa ko ba ta taɓa ba. Mata ne ke yankan kaba, su ke shanyawa, su ke saƙa, dillalai su ɗaure a mota. A farkon shekarun 2000 shirin gyaran dazuzzuka na PAFN ya kafa wuraren sayar da kaba a ƙauyukan kwarin domin a tsara yanka, a kuma sami kuɗin kula da dajin. Sana'a ce ta wadda ba ta da gona ba ta da jari, sai wuƙa da ƙarfinta.

To yadda ake cin kwarin ba da dare ɗaya ba ne. Bana mai gonar da ke iyaka da makiyaya ya ƙara kunya biyar. Baɗi ya ƙara goma. Bayan shekara bakwai ɗansa ya tashi ya ga wurin a nome, ya rantse da gaskiyarsa cewa gonar ubansa ce. Daga nan a nemi takardar shedar gado, in ba a yi bincike da kyau ba a bayar. Sai a sayar wa wani mai kuɗi daga birni, shi kuma ya kewaye da waya ya nemi titir. A kowane mataki takarda tana ƙara nauyi, alhali tushenta ƙarya ne. Kabar da kowace mace ke yanka kyauta ta koma cikin shingen mutum ɗaya, sai da izini ko da biya.

Doka a nan ma a fili take. Dokar makiyaya mai lamba 2010-029 ta 20 ga Mayu 2010 ta hana kowa mallake makiyayar jama'a shi kaɗai, burtali da mashaya da wuraren hutun dabbobi kuwa dukiyar jama'a ne. Dajin da gwamnati ta keɓe ba ya fita daga wannan matsayi sai da wata doka ta musamman, ba da sa hannun mai gari ko na wani ma'aikaci ba. Tun ƙarshen shekarun 1990 aka yi ta kafa turaku a burtalan jihar Maradi da taimakon ƙasar Suwis, an kuma rubuta da yawansu a kundin karkara. Inda aka yi haka rigima ta ragu, domin turke ba ya karɓar goro. Inda ba a yi ba, ko aka tuge turakun, kowace kaka kafin ranar sakin gonaki sai an kai ruwa rana.

Ɗan kasuwa ya lura da kyau: wanda ya sayi yankin burtali ko makiyaya, ko da takarda a hannunsa, ya sayi abin da mai sayarwa ba shi da ikon sayarwa. Ranar da makiyaya ko ƙungiyarsu suka kai ƙara, aka buɗe kundi aka ga wurin a rubuce, kuɗinsa sai dai ya bi wanda ya karɓa. Akwai kuma wani tanadi da masu sayen gona su ajiye ba su cika sani ba: dokar 1993 ta ba Kofo ikon danƙa amfanin gona ga wani idan mai ita ya bar ta shekara uku a jere ba aiki ba dalili.

Abin da ya faru a wasu wurare

Yamai ta riga mu shiga wannan rami. Daga 1965 aka fara dasa dajin da ya yi wa birnin ɗamara, galibi bedi, har ya kai sama da hekta 2,000. An dasa shi a kan gonakin mutane, da yawa ba a biya su diyya ba, ba a kuma kammala rubuta matsayin wurin ba. Da birni ya matso, magada suka ce gonakin kakanninmu ne, suka shiga sayarwa, aka yi lotisma a ciki, gidaje suka tashi. Gwamnati na cewa daji ne, magada na cewa gona ce, masu saye na cewa kango ne, kowa da takardarsa.

Fadamun shinkafa na bakin kogin Kwara, irin su Saga da Kirkisoye da Libore, waɗanda hukumar ONAHA da aka kafa a 1978 ke kula da su, su ma da irin wannan rauni aka gina yawancinsu: an gyara ƙasa, an ja ruwa, an raba wa manoma ƴan fegi-fegi, amma ba a yi wa wurin titir da sunan kowa ba. Shekaru suka wuce, jikokin masu asalin ƙasa suka fara tambaya, birni kuma yana matsowa da tubalinsa. Sai a tsakiyar shekarun 2010 aka soma aikin shigar da su babban littafi da sunan gwamnati, aka fara gwaji da Namarde Gungu a jihar Tillaberi. Mu ma a jiharmu muna da irin wannan fili a Jiratawa ta ƙasar Madarumfa, mai kimanin hekta 500, wanda zogalensa da kayan lambunsa ke cika kasuwannin Maradi.

Can Indiya ma, inda buhunan shinkafa da yawa na shagunanmu ke fitowa, jihar Kerala ta ga fadamunta sun ragu daga sama da hekta dubu 800 a tsakiyar shekarun 1970 zuwa kusan dubu 200. A 2008 ta yi dokar hana cike fadamar shinkafa a yi gini, ta sa aka rubuta kowace fadama a kundi. Me ya biyo baya? Kotuna suka cika da masu neman a cire filinsu daga kundin, suna cewa kuskure aka yi, tuni wurin ya daina zama fadama. A 2018 aka gyara dokar, aka buɗe ƙofar sauya suna ga wasu filaye idan an biya kuɗi. Abin da muka ɗauka daga nan shi ne, rubuta ƙasa a kundi ba ya kashe rigima shi kaɗai, sai an rubuta gaskiya tun farko, a gaban idon jama'a.

Idan rigima ta riga ta tashi

Hanyar a jere take, kuma tsallake mataki ɓata kuɗi ne. Dokar 1993 ta wajabta a fara da sulhu a gaban sarakunan gargajiya, daga mai gari zuwa sarkin kanto. Ko an shirya ko ba a shirya ba, a nemi a rubuta takardar abin da aka yi a zaman, domin ita alƙali zai fara tambaya. Sarki mai sulhu ne, yanke hukunci na kotu ne. Ita ma Kofo ba kotu ba ce, amma alƙali kan nemi ta je ta auna wuri ta faɗi abin da ke cikin kundi. Daga kotun gunduma ƙara na iya hawa Maradi, daga nan har Yamai, kuma duk ɗan kasuwa ya san abin da ake nufi da rufe shago a bi mota saboda zaman kotu da za a ɗage. Idan kuwa takardar hukuma ce kanta ake ƙalubalanta, kamar izinin lotisma, wannan shari'a ce da hukuma, tana da wa'adi gajere, wanda ya yi jinkiri ƙofa na iya rufewa. A nemi masanin doka da wuri.

Mafi sauƙi dai shi ne a tare abu tun bai shiga littafi ba. Kafin Kofo ta rubuta wa mutum haƙƙi, ana zuwa wurin a tara maƙwabta, ana kuma yin shela a kasuwa da rediyo domin mai ja ya fito. Mu da ke aikin rediyo mun san irin wannan sanarwa, mun kuma san lokacin karanta ta ne mutane ke tashi ɗibar ruwa, suna jiran a sa waƙa. A daure a saurara. Sunan ƙauyenku ko na gonar babanku na iya fitowa a ciki.

Mai niyyar saye kuma ya yi tambaya kafin ya ƙirga kuɗi. A wane littafi wurin yake, da wane suna? Idan kango ne, ina taswirar lotisma da aka amince da ita, ina lambar kangon a cikinta, kuma sunan wa ke rubuce a rajistar ma'aikatar magajin gari? A tuna cewa tun watan Afrilu na 2024 aka rusa zaɓaɓɓun majalisun ƙananan hukumomi aka naɗa kantomomi, don haka takardar da ke ɗauke da sa hannun tsohon magajin gari a duba kwanan watanta da kyau, a kuma je ofis a tabbatar tana cikin rajista. Idan gona ce, a tambayi maƙwabtan iyaka huɗu, a tambayi ko akwai magada mata da ba su sa hannu ba, ko wani ya riƙe ta jingina. Dillalin da ya ce a yi sauri akwai wani mai so, a bar masa.

Takardun Kofo ana yin su ne kwafi da yawa, ɗaya ga mai saye, ɗaya ga mai sayarwa, sauran su zauna a ƙauye da ƙaramar hukuma da gunduma. A tabbata an kai su can, kada su kwana a aljihun sakatare. Taki kuma, uwargida, ki sa a leda, ki yi mata hoto da salula, ki ajiye wani kwafi a gidan ƴar'uwarki da ke wata unguwa, saboda gara da ruwan Agusta.